Labarin 'Yan Matan da ke Buga wa Nijeriya Ƙwallo

A wannan mako za mu ɗan ajiye zancen girki da renon yara, mu taɓa wani zance wanda galibinmu mu ke ɗauka na maza ne, watau ƙwallon ƙafa. Kada wata ta ce ina ruwanta, ta juya shafi. Labarin mata ne tun daga farko har ƙarshe, kuma akwai abin da ya shafi 'ya'yanmu na Gwandu da Kalgo a cikinsa.

Shekarar 1991 ba baƙuwa ba ce gare mu, gama a cikinta ne, ran 27 ga Agusta, aka yanke Jihar Kebbi daga tsohuwar Jihar Sakkwato. To, a wannan shekara ɗin dai ne ƙungiyar mata ta ƙasa ta fara fitowa fili. Ita ce a ke kira Super Falcons, watau manyan shahuna. A watan Fabrairu suka kara da Gana a Ikko, suka ci 5 da 1. Ashe ke nan jiharmu da wannan ƙungiya tsarar juna ne, sai dai har yau ba su gaisa sosai ba.

Amma kafin mu bi su, ya kamata mu san daga ina suka fito, don ba daga sama suka faɗo ba.

Ƙwallo daga Ingila ya zo mana, kuma a can ma sai da mata suka sha wuya a kansa. Zamanin Yaƙin Duniya na Farko, da maza suka tafi fagen fama, 'yan matan da ke aiki a masana'antu suka riƙa buga ƙwallo don tara kuɗin taimakon sojojin da suka yi rauni. Abin ya karɓu ƙwarai, har a ƙarshen 1920 mutum wajen 53,000 suka taru a birnin Libaful don kallon wasan mata. Da shekara ta kewayo, sai hukumar ƙwallo ta Ingila ta hana mata filayenta, wai wasan bai dace da jikin mace ba. Ba a janye wannan doka ba sai 1971, shekara 50 cif. Tun da masu abin da kansu haka suka yi, ba abin mamaki ba ne da aka daɗe a nan ƙasar ba wanda ya kula da na mata.

Waɗanda suka kula daga baya kuwa ba gwamnati ba ce. Mutane ne ɗaiɗai, masu hali da masu sha'awa, a biranen Kudu. Akwai wata baiwar Allah a Ikko, Gimbiya Bola Jegede, wadda ta tara 'yan mata ta kafa ƙungiyar da a ke kira Jegede Babes, da kuɗin aljihunta. A Warri aka sami Ufuoma Babes, a Kalaba Pelican Stars, a Fatakwal kuma Rivers Angels. Yaran da suka cika waɗannan ƙungiyoyi galibi 'yan makaranta ne, waɗanda suka koyi abin a filin makaranta ko a bakin titi tare da yayyensu maza. A 1990 aka fara shirya musu gasa ta ƙasa. Saboda haka sa'ad da hukumar ƙwallo ta duniya, FIFA, ta ce za ta yi gasar mata ta farko, hukumar Nijeriya ba ta shuka kome ba, girbi kawai ta zo yi. Ku riƙe wannan magana, za mu komo gare ta.

Suka ka da Gana, suka ka da Gini da Kamaru, suka zama su kaɗai ne wakilan Afirka cikin ƙasashe 12 da suka taru a ƙasar Sin a watan Nuwamba na 1991. Can fa suka ga abin da ba su taɓa gani ba. Jamus ta ci su 4, Italiya 1, Taiwan 2, suka komo gida ba su jefa ko ƙwallo ɗaya a raga ba. Wani abin dariya game da wannan gasa shi ne minti 80 aka yanka wa kowane wasa maimakon 90, don manyan da suka shirya suna ganin mata ba za su jure ba. Ina ma a ce ɗayansu ya taɓa tsayawa bakin turmi ya ga mace ta surfa gero kwano biyar da goyo a bayanta! Cikin waɗanda suka je har da wata yarinya 'yar Warri mai shekara 16, Florence Omagbemi. Ita ma ku riƙe sunanta.

A 1995 aka koma, wannan karo a Suwidin. Norwe ta yi musu 8 da nema, amma sun yi kunnen doki da Kanada, 3 da 3. A gida Afirka kuwa ba mai ja da su. Da aka tara ƙasashen Afirka a nan Nijeriya a 1998, aka yi wasannin a Kaduna da Abekuta, ƙwallo 28 suka zuba cikin wasa biyar, ba wadda ta ci su ko ɗaya. A ƙasar Arewa fa aka yi rabin wannan gasa, ga wadda ba ta sani ba.

Shekarar da sunansu ya fita duniya ita ce 1999, a Amurka. Mai horar da su a lokacin ɗan Arewa ne, Malam Isma'ila Mabo na Jos, tsohon ɗan wasan Mighty Jets, wanda Allah ya yi wa rasuwa a 2023. Omagbemi ce kyaftin. Suka ci Koriya ta Arewa 2 da 1. Suka gamu da masu masauki a Cikago, suka riga su ci tun a minti na biyu, abin da ya zama kamar sun taɓo gidan rina, gama Amurkawa suka rama da 7. Wani sai ya ce shi ke nan, gwiwa ta yi sanyi. Ina! Bayan kwana uku suka ci Denmak 2 da nema, suka shiga sahun ƙasashe takwas na ƙarshe, inda ba wata ƙasar Afirka da ta taɓa kaiwa a gasar mata.

Nan suka haɗu da Birazil. Kafin a tafi hutun rabin lokaci an ci su 3, ba su da ko ɗaya. Ban san abin da Malam Mabo ya gaya musu a ɗaki ba sai abin da ya biyo baya. Prisca Emeafu ta farke ɗaya. Nkiru Okosieme ta ƙara, ita ce wadda 'yan kallo suka laƙaba wa suna Hedimistires, ba don ta taɓa riƙe makaranta ba, sai don gwanintarta wajen buga ƙwallo da ka. Saura minti biyar a tashi Nkechi Egbe ta cike na uku. Sai kuma alƙalin wasa ta kori ɗayarsu, suka rage su goma. A zamanin nan dokar ƙarin lokaci ita ce wanda ya fara ci ya gama, sai wata gwanar Birazil mai suna Sissi ta sami bugun tazara ta lanƙwasa shi cikin raga. Aka tashi 4 da 3. An fitar da su, amma tun daga ranar ba wanda ya sake yi musu kallon 'yan rakiya.

Daga nan sai kofin Afirka ya zama kamar kayan ɗakinsu. Sun ɗauke shi a 2000, 2002, 2004 da 2006, ya kuɓuce musu a 2008 da 2012 zuwa Ikwatoriyal Gini, suka karɓo abinsu a 2010, 2014, 2016 da 2018. An yi gasar duniya sau tara daga 1991 zuwa 2023, ba wadda ba su je ba. Mercy Akide ce aka fara zaɓa gwanar Afirka, Perpetua Nkwocha ta sami wannan kambi sau huɗu, Asisat Oshoala sau shida. A 2010 mace ce ta horar da su har suka ci, Eucharia Uche. A 2016 kuma yarinyar nan ta Warri, Omagbemi, ta dawo ta zama ita ce malamar, ta kai su Kamaru suka ka da masu gida 1 da nema a gaban jama'arsu.

To, a nan ne labarin ya ke da ɗaci. Kuna tsammani wanda ya ci zomo haka, bayan ya ci gudu, sai a tare shi da ruwan sanyi. Abin da ya faru a 2016 shi ne, da suka sauka Abuja da kofi a hannu, ba a biya su alawus ɗinsu da ladan da aka yi musu alkawari ba. Suka ce ba za su bar masauki ba, kuma ba za su miƙa kofin ba. Kusan mako biyu suna zaune, har suka fita da ƙafa, riƙe da kwalaye, suka nufi Majalisar Tarayya ranar da Shugaba Muhammadu Buhari zai gabatar da kasafin kuɗi. Sa'an nan ne aka saki kuɗin. Ba kuwa shi ne na fari ba. A 2004 sun yi irin wannan zama a wani otal a Afirka ta Kudu, a 2019 suka sake yi a Faransa, a 2022 kuma suka ƙi fita motsa jiki a Maroko, duk a kan haƙƙinsu.

Na ji masu cewa wannan rashin kunya ne, bai kamaci 'ya mace ba. Ni dai ban ga haka ba. Wadda ta yi wa maƙwabciya ɗinki ko kitso, aka ce ta dawo gobe, gobe ta zama jibi, jibi ta zama bayan Salla, ta san abin da ke ran waɗannan yara. Kuma ku tuna yawancinsu 'ya'yan talakawa ne, wasan kuwa ba sana'ar tsufa ba ce, gwiwa ɗaya ta gurɗe shi ke nan. Neman ladan gumi ba abin kunya ba ne. Kunya tana wajen wanda ya riƙe.

Ana nan ana wannan ja-in-ja sai waɗansu ƙasashe suka farka. Maroko ta zuba kuɗi, ta gina wuraren horo, ta sa albashi ga 'yan wasanta mata. A 2022, a birnin Rabat, gaban mutum fiye da 45,000, aka kori 'yan Nijeriya biyu, suka rage su tara, suka daure har ƙarshen ƙarin lokaci, amma Maroko ta fitar da su a bugun fenariti. Afirka ta Kudu ce ta tafi da kofin. Da aka je gasar duniya ta 2023 suka wanke fuskarsu. Mai tsaron gida Chiamaka Nnadozie ta tare fenaritin Kanada, suka ci Ostareliya 3 da 2 a gidanta, suka riƙe Ingila har minti 120 ba ci, sai a fenariti aka raba gardama.

Ramuwar ta zo ran 26 ga Yuli, 2025, a Rabat ɗin dai, da Maroko ɗin dai, a wasan ƙarshe. Kafin minti 25 an ci su biyu. Waɗanda suka san labarin Birazil suka ce a dakata tukuna. Esther Okoronkwo ta farke ɗaya da fenariti, ta miƙa wa Folashade Ijamilusi ta ci na biyu, saura minti biyu Jennifer Echegini ta jefa na uku. Kofi na goma ke nan tun daga 1998. Mai horar da su wannan karo ma ɗan Arewa ne, Justin Madugu na Adamawa. Shugaba Bola Tinubu ya karɓe su a fadarsa, ya ba su lambar girma ta ƙasa, ya kuma sanar da kyautar gida da kuɗin da ya kai dala 100,000 ga kowace 'yar wasa.

Yanzu fa mu komo gida. In kuka bi sunayen waɗanda suka sa wannan koriyar riga cikin shekarun nan duka, za ku ga galibi 'yan Kudu ne. Daga Arewa akwai irin su Halimatu Ayinde, haifaffiyar Kaduna, wadda ta daɗe tana riƙe musu tsakiyar fili, akwai kuma ƙungiyoyi irin su Nasarawa Amazons ta Lafiya da Adamawa Queens ta Yola. Amma 'yar ƙasar Gwandu, ni ban taɓa jin an kira sunanta ba. Har ta kai yanzu ana ƙetare teku a ɗauko 'ya'yan 'yan Nijeriya da aka haifa a Ingila da Amurka da Holan. Ba laifi, jininmu ne, sun kuwa yi aiki. Sai dai hanyar Kalgo ta fi ta Landan kusa.

Shin ƙarfi ne 'ya'yanmu ba su da shi? Yarinyar da ke ɗauko ruwa tun da asuba, ta yi daka, ta ɗora faranti a ka ta zaga gari, ko ta bi uwarta fadama lokacin yankan shinkafa, ba raguwa ba ce. Wadda ta taɓa ganin 'yan mata na gaɗa a dandali da farin wata, yadda a ke cilla yarinya sama ta dira da ƙafafunta tana dariya, ta san akwai ƙashi a jikinsu. Abin da babu shi ne wuri da izini. A kwalejin horon malamai an koya mana cewa motsa jiki darasi ne kamar lissafi, yana kuma cikin jadawalin makaranta. Amma a makarantu da yawa, in lokacinsa ya yi, sai a jefa wa maza ƙwallo, 'yan mata kuwa a ba su tsintsiya, ko su zauna gindin darbejiya suna kallo. Haka yarinya za ta gama makaranta ba ta taɓa yin gudun da ya sa ta haki ba, ta shiga ɗakin miji, a zo haihuwa jiki ba ƙwari, a zo shekara arba'in ana fama da ƙiba da hawan jini da ciwon sukari. Wannan shi ne abin da ya fi damuna, ba kofi ba.

Na san abin da iyayenmu ke gudu, kuma ba na raina shi. Suna gudun gajeren wando, da cakuɗa da maza, da yawon duniya, da barin karatu. A kan na ƙarshen ina tare da su ɗari bisa ɗari. Asisat Oshoala, 'yar gidan Musulmi ce daga Ikorodu, ta sha faɗa cewa iyayenta ba su so ba da ta bar makaranta saboda ƙwallo. Allah ya taimake ta ta kai har Barcelona, amma ɗaya ce cikin dubbai, kuma ba wanda ke ba da labarin sauran. Wadda na fi so ƙannena su duba ita ce Michelle Alozie, wadda ta gama jami'ar Yale a fannin kimiyya, kuma a lokacin gasar 2023 tana haɗa ƙwallo da aikin binciken ciwon daji na yara a wani asibiti a Amurka.

Zancen sutura kuwa duniya ta riga ta sauya. A da an hana wasa da ɗankwali, amma tun 2014 masu dokar ƙwallo suka yarda mace ta rufe kanta. A gasar duniya ta 2023 wata 'yar Maroko, Nouhaila Benzina, ta buga da hijabinta da dogon wando, ba abin da ya rage ta da shi. Ƙasar Saudiyya ta shigar da motsa jiki makarantun 'yan mata na gwamnati a 2017, ƙungiyarta ta mata kuma ta yi wasanta na farko a 2022. Fatawa ta malamai ce, ba tawa ba, amma ko 'yar Islamiyya ta san labarin tseren da Nana A'isha ta yi da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, har sau biyu, ta yi nasara a na farko, ya rama a na biyu. Mu kuma jikokin 'Yan Taru ne, matan da suka riƙa takawa a ƙasa daga ƙauyuka masu nisa zuwa wurin Nana Asma'u don ɗaukar karatu. Ba a zaune suka sami abin da suka bar mana ba.

Saboda haka ni ba cewa na ke a kwashi 'ya'yanmu a kai su Ikko ba. Abin da na ke roƙo ƙarami ne. Makarantar 'yan mata ta sami fili a cikin katanga, da malama mace, da ƙwallo biyu ko uku, da riga mai dogon hannu da wando har idon sawu. Katangar ma ai dole ce ko ba ƙwallo, bayan abin da ya sami ɗalibai a Birnin Yawuri a 2021 da Maga a 2025. In aji ya kara da aji, wata rana makarantar Gwandu ta kara da ta Kalgo, 'yan kallo su zama iyaye mata da malamai mata. Ga Jami'ar Tarayya a Kalgo tun da aka kafa ta a 2013, cike da 'yan mata masu ilmi waɗanda za su iya ba da yamma ɗaya a mako su koya wa ƙannensu. Ga kuma filin da aka gina a Birnin Kebbi da kuɗin FIFA. Kuɗin nan ba da sunan maza kaɗai a ke ba da su ba, don haka ba roƙo ba ne in an ce a ware wa 'yan mata rana ɗaya a rufe ƙofa.

Ku tuna abin da na ce ku riƙe. Ba ofis ne ya haifi Super Falcons ba, wata mace ce mai zuciya ta buɗe jakarta, waɗansu malamai kuma suka bar yara suka yi gudu a filin makaranta. Muna da Hajiyoyi masu fataucin shinkafa da atamfa waɗanda kuɗin ƙwallo da riguna goma sha ɗaya bai kai abin da su ke liƙi a biki ɗaya ba.

Za a yi gasar duniya ta gaba a Birazil a 2027. Kafin nan, malamar da ta riga ta fara wani abu irin wannan a makarantarta, a Gwandu ko Kalgo ko Jega ko Argungu, ta rubuto wa Edita ta gaya mana yadda ta shawo kan iyaye da inda ta sami kayan wasa. Uwar da ba ta yarda da maganata ba, ita ma ta rubuto dalilinta, ko ta sa 'yarta ta rubuta mata. Duka za mu buga su a wannan shafi.